Nnedi Okorafor da Ƙagaggun Labaran Kimiyya

Gabatarwa

A makarantun sakandare, da zarar ɗalibai sun shiga aji huɗu akan raba su gida biyu, 'yan kimiyya a nan, 'yan adabi a can. Daga ranar sai ka ga kowane ɓangare yana yi wa ɗan'uwansa kallon hadarin kaji. Ɗan kimiyya yana ganin karatun labari aikin raggo ne, ɗan adabi kuwa ya yi sallama da lissafi har abada. Darasinmu na bana a kan wani irin rubutu ne da ba ya yiwuwa sai an haɗa gidajen nan biyu, wato ƙagaggen labarin kimiyya, da kuma wata marubuciya 'yar asalin Nijeriya wadda ta yi fice a kansa a duniya, mai suna Nnedi Okorafor. An zaɓe ta ne domin biyu daga cikin littattafanta a yankinmu ta kafa su, ɗaya a hamadar Nijar, ɗaya a arewacin Nijeriya. Idan ana ba da labarin gobenmu a ƙasashen waje, ya kamata mu san abin da ake faɗa.

Mene ne ƙagaggen labarin kimiyya?

Dukanmu mun tashi da tatsuniya. Da Gizo ya ari fuka-fukan tsuntsaye ya tashi sama, ba wanda ya tsayar da kaka ya tambaye ta yadda aron gashi zai ɗauki nauyin Gizo. Haka nan a Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, mai labari yana cuɗanya da aljannu, mai karatu kuma ya yarda ba gardama, don ya san dokar irin wannan labari ke nan. Labarin kimiyya shi ma yana kawo abin mamaki, amma da sharaɗi: dole marubuci ya jingina abin mamakin da wani dalili na ilimi, ko wanda aka riga aka sani, ko wanda hankali zai yarda ana iya gano shi nan gaba. Marubucin yakan fara da tambaya guda: da a ce abu kaza ya samu, yaya rayuwar mutane za ta zama? Da a ce an ƙera injin da ke tatsar ruwa daga iskar hunturu, wa zai mallake shi, kuma me zai sami mai sayar da ruwa a kura?

Turawa sun daɗe suna irin wannan rubutu. A shekarar 1865 wani Bafaranshe mai suna Jules Verne ya rubuta labarin mutum uku da aka harba zuwa wata daga Florida ta ƙasar Amurka. Bayan shekara 104, wato a 1969, kumbon Apollo 11 ya tashi daga Florida ɗin da mutum uku a ciki. A 1945 kuma Arthur C. Clarke, wani marubucin labaran kimiyya na Ingila, ya yi bayani a wata maƙala cewa idan aka kafa tauraron ɗan'adam a nisan kusan kilomita 36,000 daga doron ƙasa, zai riƙa juyawa daidai da juyawar duniya, ya zama kamar yana tsaye wuri guda, a riƙa aika saƙo ta kansa. Farantan talabijin da ke kan rufin gidajen Dutse irin waɗannan taurari suke kallo.

Amma kada ɗalibi ya ɗauka marubucin kimiyya ɗan duba ne. Yawancin abin da suka zayyana bai faru ba, kuma ba laifi ba ne. Babban aikin irin wannan labari shi ne ya ɗauki wata matsala ta yau, ya kai ta can gaba inda ta girma, domin mu gan ta da kyau tun muna da damar gyarawa.

Ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa

A shekarar 1969 ɗin nan da ɗan'adam ya fara taka wata, kamfanin buga littattafai na NNPC da ke Zariya, wanda bai kamata a rikita shi da kamfanin mai ba, ya fitar da littafin Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo. Labarin wani yaro ne mai suna Kilba da ya gamu da wani baƙo daga sararin samaniya, Kolin Koliyo, wanda ya ɗauke shi yawo cikin kumbo. Manazarta adabi sukan lissafa shi a matsayin labarin kimiyya na farko a harshen Hausa. Ashe tun fiye da shekara 50 da suka wuce an tabbatar Hausa tana iya ɗaukar wannan kaya. Sai dai kaɗan ne suka bi sawun Dembo. Da rubutun Hausa ya bunƙasa a Kano daga shekarun 1980, labaran soyayya da zaman aure ne suka fi cika kasuwa, hanyar da ya share kuwa ciyawa ta kusa rufe ta.

Tarihin Nnedi Okorafor

An haifi Nnedimma Nkemdili Okorafor ranar 8 ga Afrilu, 1974, a birnin Cincinnati na jihar Ohio a Amurka. Iyayenta 'yan ƙabilar Ibo ne da suka je Amurka karatu a 1969, yaƙin basasar Nijeriya ya hana su dawowa, suka zauna. Ta girma a bayan birnin Chicago, a unguwar da baƙar fata ba su da yawa, ta sha gori da tsangwama a makaranta. Amma tun tana ƙarama iyayen sukan kawo su gida Nijeriya hutu, kuma abin da ta gani ta ji a waɗannan tafiye-tafiye shi ne daga baya ya zama jarinta.

Tana yarinya ba ta yi mafarkin zama marubuciya ba. Gwana ce a wasan tanis da guje-guje, tana son lissafi da kimiyya, burinta kuma ta zama masaniyar ƙwari. Tana shekara 13 likitoci suka gano ƙashin bayanta yana karkacewa. Abin ya yi ta ƙaruwa har aka yi mata aiki tana shekara 19, lokacin tana jami'a. Aikin ya zo da matsalar da ba kasafai ake samu ba, ta farka ta tarar daga ƙugu zuwa ƙasa jikinta ya shanye. Yarinyar da ƙafafunta ne abin alfaharinta ta wayi gari ba ta iya motsa ko yatsa.

A gadon asibitin ne aka kawo mata wani littafin labaran kimiyya na Isaac Asimov mai suna I, Robot, wanda ke magana a kan mutum-mutumi masu tunani. Sai ta kama rubuta nata ƙananan labarai a gefen shafukansa. Bayan doguwar jinya da motsa jiki ta koma tafiya, da farko da sanda, amma wasanni sun ƙare mata ke nan. Da ta koma Jami'ar Illinois sai ta shiga ajin koyon rubutun labari. Daga nan ta yi digiri na biyu a aikin jarida a Jami'ar Jihar Michigan, ta kuma sami digiri na uku a fannin Turanci a Jami'ar Illinois ta Chicago a 2007. Ta koyar a Jami'ar Jihar Chicago da Jami'ar Buffalo, a 2021 kuma ta koma Jami'ar Jihar Arizona. Ta ba da labarin jinyarta a wani ɗan littafi da ya fito a 2019 mai suna Broken Places and Outer Spaces. Ya kamata mai karatu ya riƙe wannan tarihi, domin kusan duk jaruman littattafanta mutane ne da jama'a ke gani da wani aibi a jiki ko a asali.

Littattafanta na farko

Littafinta na farko, Zahrah the Windseeker, wato Zahra mai bin iska, ya fito a 2005. A wata duniya aka kafa shi inda ba a ƙera na'ura, shuka ta ake yi: yaro yakan sami irin kwamfuta ya dasa, ta girma tare da shi. An haifi Zahra da tukkun gashi mai tsiro a ciki, mutane suna gudunta, har ranar da ta shiga dajin da kowa ke tsoro don nemo maganin da zai ceci abokinta. Littafin ya ci kyautar adabin Afirka ta Wole Soyinka a 2008.

Na biyu, The Shadow Speaker, wato mai magana da inuwa, ya fito a 2007, kuma ya fi kusa da mu. A Jamhuriyar Nijar aka kafa shi a shekarar 2070, bayan wani babban yaƙi ya sauya duniya har aka fara haihuwar yara masu baiwar da ba a saba gani ba. Jarumar, Ejii, yarinya ce Musulma daga wani ƙagaggen gari mai suna Kwamfa. Mahaifinta azzalumin sarki ne da ya danne mata, kuma a gaban idonta wata jaruma mai suna Jaa ta fille masa kai. Daga baya Ejii ta bi sawun wannan mata cikin hamada a kan raƙuminta mai magana, domin inuwoyi sun gaya mata akwai yaƙin da za ta hana. Tambayar da littafin ke yi mai nauyi ce: idan takobi ya kawar da azzalumi, shin takobin zai iya kawo zaman lafiya? An sake buga shi a 2023 tare da ci gabansa mai suna Like Thunder.

A 2010 ta fitar da littafinta na farko na manya, Who Fears Death. Ma'anar sunan jarumar ke nan, Onyesonwu, a harshen Ibo: wa ke tsoron mutuwa. A Sudan ta can gaba aka kafa shi, kuma rahoton wata jaridar Amurka na 2004 a kan cin zarafin mata a yaƙin Darfur yana cikin abin da ya tunzura ta rubuta shi. A 2011 ya ci kyautar World Fantasy, ta zama baƙar fata ta farko da ta karɓi wannan kyauta a rukunin dogon labari. A shekarar kuma Akata Witch ya fito, labarin Sunny, wata yarinya zabiya da aka haifa a Amurka aka dawo da ita Aba. Kamfanin Cassava Republic na Abuja ya buga shi a nan gida da sunan What Sunny Saw in the Flames.

Lagoon na 2014 amsa ce ga wata tsohuwar al'ada ta finafinai, inda baƙi daga sararin samaniya kullum a manyan biranen Turawa suke sauka. Ta kuma ji haushin yadda fim ɗin District 9 na 2009 ya nuna 'yan Nijeriya a matsayin miyagu. Saboda haka ta saukar da nata baƙin a tekun Legas, ta haɗa su da wata masaniyar halittun ruwa, da wani soja, da wani mawaƙi ɗan Gana, ta bar mu mu ga yadda birnin zai karɓi baƙon da bai taɓa gani ba.

Binti

Littafin da ya fi ɗaukaka sunanta gajere ne, ana iya karance shi a yini guda. Binti ya fito a 2015, ya ci manyan kyaututtuka biyu na wannan fanni, Hugo da Nebula, a 2016. Binti yarinya ce 'yar shekara 16 daga ƙabilar Himba ta ƙasar Namibiya, gwanar lissafi. Ta sami gurbi a Jami'ar Oomza da ke wata duniya mai nisa, ita ce ta farko a ƙabilarsu. Danginta ba su yarda ba, don a wurinsu kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Sai ta sulale da asuba ba sallama.

Matan Himba, har a zahiri, suna shafa wani haɗi na jan ƙasa da mai a jiki da gashi. Binti ta tafi da kwalbarta. A tashar jirgi sauran matafiya suka yi ta taɓa gashinta suna yamutsa fuska, suna ce mata ƙazama. A tsakiyar tafiya wasu halittu masu suna Meduse suka auka wa kumbon suka kashe fasinjoji, ita ta tsira. Daga baya aka gane wannan jan ƙasa da aka raina yana warkar da raunin Meduse. Da shi, da wani tsohon ƙarfe da ta tsinta a hamadarsu wanda ya ba ta damar jin harshensu, ta zama mai shiga tsakani. Ta gano dalilin fushinsu: masanan jami'ar sun ɗauke wani sashe na jikin sarkinsu sun ajiye a gidan tarihi ba da izini ba. Ta sa aka mayar, aka kauce wa yaƙi.

Duk ɗalibin da ya bar ƙauye ya zo makarantar kwana da ƙullin ƙuli-ƙuli a akwati, aka yi masa dariyar karin harshensa a makon farko, ya san rabin wannan labari. Ci gabansa biyu, na 2017 da na 2018, sun bi ɗaya rabin, wato abin da ke faruwa ranar da mai ilimi ya koma gida ya tarar shi ya sauya, gidan ma yana yi masa kallon baƙo.

Noor: arewa a idon marubuciya

A 2021 ta fitar da littattafai biyu. Remote Control labarin Fatima ne, 'yar masu gonar kaɗanya a garin Wulugu na arewacin Gana, wadda duk na'urar da ta taɓa sai ta mutu. Ɗayan shi ne Noor, wanda ya fi cancanta mu tsaya a kansa.

Jarumar, Anwuli Okwudili, wadda ta fi son a kira ta AO, an haife ta da naƙasa, daga baya kuma ta yi haɗarin mota, don haka ƙafafunta da hannu ɗaya na inji ne. Makanikiya ce a Abuja. Wata rana a kasuwa wasu maza suka far mata suna cewa ita ba mutum ba ce. Wajen kare kanta ta kashe biyar, ta gudu arewa. A can ta haɗu da wani Bafulatani makiyayi da ake kira DNA. Shi ma an auka wa ayarinsu a wani gari, aka kashe 'yan'uwansa da shanu, ya tsira da biyu kawai. An ɗauki hoton bidiyon kowannensu, aka yanke farkon abin da ya faru, aka watsa ƙarshen. Kafin gari ya waye duk ƙasa ta san su a matsayin mai kisan kai da ɗan ta'adda.

A arewar wannan labari akwai wata guguwar rairayi da ba ta lafawa shekara da shekaru, ana kiran ta Jan Ido. Ta kori garuruwa, amma wani katafaren kamfani ya kafa manyan injuna a cikinta yana samar da lantarki daga iskar yana sayarwa. Sunan injunan Noor, kalmar Larabci mai nufin haske, wadda daga gare ta muka sami sunan Nura. Kamfanin ne ke sayar wa mutane abinci da magani da waya, har ya zama ba mai iya rayuwa ba tare da shi ba.

Mu da ke Jigawa ba ma bukatar a fassara mana wannan. Mun san yadda rairayi ke cin gonaki a arewacin jihar. Mun san abin da kan biyo baya idan aka nome burtali, ko shanu suka shiga gonar da ba a girbe ba. Mun kuma ga yadda guntun bidiyo a waya kan tayar da hankalin gari kafin a binciki gaskiyarsa. Rana da iska da muke kuka da su kuwa dukiya ce, ga rijiyoyin burtsatse masu aiki da hasken rana a ƙauyukanmu sun shaida. Tambayar Noor ita ce: ranar da zafin arewa ya zama kuɗi, aljihun wa za su shiga?

Ba a nan ta tsaya ba. Ta rubuta wa kamfanin Marvel labarai cikin zane a kan Black Panther da ƙanwarsa Shuri, kuma nata labarin zanen mai suna LaGuardia ya ci kyautar Hugo da ta Eisner a 2020. A 2025 ta fitar da Death of the Author, labarin wata gurguwar marubuciya da ta yi suna da littafi a kan mutum-mutumi.

Zaren da ya ɗinke littattafan

Idan aka jera littattafan nan za a ga abu guda yana maimaituwa. Abin da jama'a suka raina, shi ne yake yin ceto a ƙarshe: gashin Zahra, jan ƙasar Binti, ƙafafun injin AO, sanin daji na makiyayi. Mun saba cewa naƙasa ba kasawa ba ce, ita kuwa daga gadon asibiti ta koyi haka. Ba ta kuma yarda cewa sai mutum ya zubar da al'adarsa zai shiga zamani ba. A wata maƙala ta 2019 ta raɗa wa irin rubutunta suna da Turanci, wanda ma'anarsa ita ce hangen gobe da saiwarsa ke cikin Afirka, ba wanda ya fara daga Turai sannan ya waiwayo mu ba.

Duk da haka, adalci ne a faɗi iyakarta. Da Turanci take rubutu, ba a arewa ta girma ba, kuma mafi yawan masu karanta ta suna ƙasashen waje. Arewarta hamada ce da guguwa da masu gudun hijira. Mai karatu ba zai ji hayaniyar kasuwar Shuwarin a ciki ba, ko ƙanshin fadama bayan ruwan farko, ko barkwancin da ke tsakanin Bafulatani da Babarbare. Wannan ba laifinta ba ne, mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Jan hankali ga iyaye da malamai

Wasu iyaye sukan tambaya ko karanta irin waɗannan labarai ba koya wa yara ƙarya ba ne. Ƙarya ita ce a faɗi abin da ba haka ba don a yaudari mai ji. A ƙagaggen labari kuwa, mai rubutu da mai karatu duk sun san ƙirƙira ce, an yi ta ne don isar da wata gaskiya, kamar yadda mu a ikilisiya muka saba koyo ta hanyar misalai. Amma a lura da abu biyu. Na farko, littattafan Okorafor cike suke da dodanni da iskoki da tsafin gargajiyar Ibo, sai a karanta su a matsayin adabi, yaro kuma ya sami babba da zai tattauna da shi. Na biyu, ba duka ne na yara ba. Zahrah the Windseeker da The Shadow Speaker don matasa aka rubuta su, Binti ya dace da manyan azuzuwa, amma Who Fears Death da Lagoon da Noor na manya ne, akwai zubar da jini da al'amuran da ba su dace da ƙananan yara ba.

Aikin da ya rage mana

An kafa Jihar Jigawa ranar 27 ga Agusta, 1991, Dutse ta zama babban birni. Duk dattijon Limawa ko Garu zai gaya maka yadda garin yake kafin wannan rana. Wanda ya ce masa a lokacin za a yi jami'ar tarayya a Dutse, kamar yadda aka yi a 2011, ko cewa mai sayar da dabino zai karɓi kuɗinsa ta wayar da ke aljihunsa, da ya ce tatsuniya ake yi masa. To, me zai faru nan da shekara 50? Ɗaliban da ke karanta wannan shafi su ne za su rayu a lokacin, kuma idan ba su zayyana shi da kansu ba, wasu za su zayyana musu.

Kayan aiki ba su yi mana ƙaranci ba. Ga ciyawar kacala da ta toshe hanyoyin ruwa a yankin Haɗeja: da a ce wata ɗaliba ta gano yadda za a mai da ita makamashi, masunta da manoma za su ci gaba da neman a kawar da ita, ko faɗa za a koma yi a kan mallakarta? Ga ambaliyar 2022 da ta raba dubban mutane da gidajensu: da a ce akwai na'urar da ke faɗin ranar zuwan ruwa wata guda kafin ya zo, amma sai mai kuɗi ke iya sayen labarin fa? Ga zanen shanu da mutanen dā suka bari a duwatsun Birnin Kudu: me namu jikokin za su tarar mun bari?

Mai son gwadawa ya bi matakai huɗu. Ya zaɓi abu ɗaya da ya sani da idonsa. Ya je wurin malamin kimiyya ya fahimci yadda abin ke aiki a zahiri, don kuskuren ilimi yana kashe irin wannan labari. Ya sauya abu guda kawai, ya bi sakamakonsa da gaskiya duk inda ya kai shi. Sannan ya sa mutum a tsakiya, mai suna da dangi da abin da yake tsoron rasawa, gama na'ura ba ta sa mai karatu kuka. Ya kuma rubuta da Hausa. Harshen da ya samar da kumbo da tauraron ɗan'adam da jirgi mai saukar ungulu ba zai rasa sunan da zai ba sabon inji ba. Umaru Dembo ya yi a 1969, Nnedi Okorafor ta fara nata a gefen shafin littafin wani, ba ta ko iya tashi zaune. Muna fatan mujallar baɗi za ta ɗauki labarin kimiyya na farko daga alƙalamin ɗalibin wannan makaranta. Allah ya ba da iko.

Tambayoyi don bita

1. Kawo bambanci tsakanin tatsuniya da ƙagaggen labarin kimiyya, tare da misali ɗaya na kowanne.
2. Wane ne ya rubuta Tauraruwa Mai Wutsiya, a wace shekara, kuma wane babban abu ne ya faru a duniya a shekarar?
3. Ta yaya rashin lafiyar Okorafor ya bayyana a cikin jaruman littattafanta?
4. A labarin Noor an yanke wa mutum biyu hukunci saboda guntun bidiyo. Me ya kamata ka yi kafin ka tura wa wani irin wannan hoto?
5. Ɗan ajin kimiyya ɗaya da ɗan ajin adabi ɗaya su haɗu su rubuta labari mai shafi biyu a kan Dutse a shekarar 2075.